Babi na Huɗu: Sagrenti, Janar Mai Awon Hanya

Duk inda aka zauna ana hirar zuwan Nasara, a dakalin ƙofar gida ne ko a ajin makaranta, ba a jimawa sai wani ya jefo tambayar nan: wai shin da me suka fi mu? Mai tambaya kuwa yana da hujja. Rundunar da ta shiga Kano ranar 3 ga Fabrairu 1903, Turawan da ke cikinta ba su kai 50 ba. Sauran mutum 700 da 'yan kai duk baƙar fata ne, da yawansu ma Hausa ce a bakinsu. Amma birnin da aka yi ɗaruruwan shekaru ana ɗaga masa ganuwa, a yini guda ya faɗi.

Amsar da aka fi ji ita ce bindiga mai ruwa, wadda ke zubo harsashi kamar ƙanƙara a kan kwano. Ban musa ba, ta yi ɓarna. Sai dai Hiram Maxim bai ƙera bindigar tasa ba sai 1884, lokacin Kumasi, babban birnin Asante, ta shekara 10 da ƙonewa, Alkahira kuma ta shekara 2 a hannun Ingilishi. Ashe tun kafin mai ruwa ta zo akwai abin da suke cin yaƙi da shi. Mutumin da ya ƙona Kumasi shi ne dai ya kama Alkahira, don haka bin sawunsa zai nuna mana abin. Sunansa Garnet Wolseley, ana furta shi Wulzili. Mutanen Asante, waɗanda fatakenmu na Gwanja ke kira Tonawa, suka lanƙwasa "Sa Ganet" ya koma Sagrenti, kuma har gobe da wannan suna ake kiran yaƙin 1874 a Gana.

Babu kuɗin sayen anini

An haife shi a 1833 kusa da Dablin, a Ailan. Mahaifinsa tsohon manjo ne, ya rasu yaron yana ɗan shekara 7, ya bar mace da 'ya'ya 7 da ɗan fanshon da bai taka kara ya karya ba. A Ingila ta wancan zamani kuwa muƙamin hafsa saye ake yi, kamar rumfa a kasuwa. Mafi ƙanƙanta a sojan ƙasa fam 450 ne, kyaftin 1,800, laftanar-kanar 4,500. Wannan farashin gwamnati ke nan, a bayan fage ana biyan fiye da haka. Wanda ya gaji da aiki ya sayar wa na ƙasa da shi, ya tafi da kuɗinsa. Ɗan mai hali yana iya zama kanar bai taɓa jin ƙarar igwa ba, wanda ya yi furfura a fagen fama yana sara masa.

Wolseley ya bar makaranta da wuri ya shiga ofishin masu safiyo a Dablin, yana koyon awon fili da zanen taswira. Mai karatu ya riƙe wannan, za mu sake cin karo da shi. A 1852 aka ba shi ƙaramin muƙami kyauta don albarkacin aikin mahaifinsa. Daga nan wanda ba shi da kuɗi hanya biyu ce gare shi: ko na sama da shi ya mutu, ko shi ya yi abin da manya za su gani. Sai ya riƙa cusa kansa inda wuta ta fi zafi. A 1853 yana Bama, Baman nan dai da kakanninmu suka je shekara 90 bayan haka a yaƙin Hitila, yana gaba wajen afka wa wani shingen katako aka fasa masa cinya da harsashi. Da ƙyar ya sha.

Darasin Balakilaba

Ƙarshen 1854 aka kai shi Kirimiya, inda Ingila da Faransa da Turkiyya suka yi wa garin Sebastofol na Rasha ƙawanya. Da yake ya iya awo, aka ara shi ga injiniyoyi masu haƙa ramukan yaƙi. A can harsashin igwa ya fashe a gabansa, tsakuwa ta farfasa masa fuska, ya rasa ido ɗaya.

Amma abin da ya gani a hunturun farko ya fi raunin tsaya masa a rai. Jiragen ruwa maƙare da abinci da barguna da magani suna tsaye a tashar Balakilaba, sojoji suna kan tudu, 'yar tafiyar da ba ta fi mil 8 ba, yunwa da sanyi da kwalara suna ɗauke su ɗaya bayan ɗaya. Taɓo ne kawai ya raba su da kayan, don ba wanda ya yi tunanin gina hanya kafin ruwa ya sauka. Dawakin dako suka mutu saboda rashin harawa, harawar kuma tana jibge a tasha saboda rashin dawakin da za su ɗauko ta. Ga ƙoshi ga kwanan yunwa. A wannan yaƙi cuta ta kashe wa Ingila ninkin ba ninkin abin da Rashawa suka kashe.

Sauran ƙuruciyarsa a taƙaice. A 1857 jirgin da ya ɗauko su zuwa Sin ya nutse a hanya, kafin a sake shiri labari ya zo cewa sojojin Indiya sun yi bore, aka juya da su can, ya shiga yaƙin Laknau. A 1860 yana cikin hafsoshin da suka isa Bejin, da idonsa ya ga an washe fadar shaƙatawar sarkin Sin sannan aka cinna mata wuta. Yana da shekara 25 ya zama laftanar-kanar, bai biya ko kwabo ba. Yawancin shekarun nan a sashen kula da masauki da hanya da guzuri ya yi su, sashen da 'ya'yan manya ke yi wa kallon aikin akawu.

Yaƙin da ba a harba bindiga ba

Karo na farko da aka damƙa masa runduna tasa ta kansa, a Kanada ne a 1870. Can ƙurya, a yankin da birnin Winifeg yake yanzu, wasu mutane ruwa biyu, jikokin fataken Faransa da matan ƙasar, suka ƙi yarda a haɗe su da Kanada ba tare da an ji ta bakinsu ba, suka kafa gwamnatinsu a ƙarƙashin Louis Riel. Tsakaninsu da inda jirgin ruwa ke tsayawa akwai fiye da mil 600 na daji da tafkuna.

Wolseley ya zuba mutum kimanin 1,200 a ƙananan jiragen katako, ya ɗauki hayar 'yan ƙasa gwanayen tuƙi. Duk inda ruwa ya yanke sai a sauke kaya, a ɗauke su a baya, a ja jiragen ta kan tudu zuwa ruwa na gaba. Sau 47 aka yi haka. Ya hana giya, ya ce shayi kawai. Da suka isa cikin Agusta suka tarar Riel ya fice, ƙofa a buɗe. Ba a yi faɗa ba. A Landan ba a ma kula sosai ba, domin hankalin kowa yana kan yaƙin Faransa da Jamus. Shi kuwa ya fito da imani cewa ya gano asirin sana'ar, kuma ƙananan jiragen nan suka shiga ransa. Za su dawo su cuce shi.

Da ya koma gida ya taimaka wa ministan yaƙi Edward Cardwell, aka soke cinikin muƙami a 1871. Tsofaffin hafsoshi ba su yafe masa ba, musamman babban kwamandan soja, Duke na Kambirij, wanda ɗan'uwan Sarauniya Biktoriya ne.

Rigimar Elmina

Holandawa sun daɗe riƙe da gidan ganuwa na Elmina a bakin teku, suna biyan Sarkin Asante wani kuɗi duk shekara. A wurin Asante kuɗin haya ne, shaidar cewa ƙasar tasu ce, kuma ta nan bindiga da albarushi ke shigo musu. A 1872 Holandawa suka miƙa wa Ingilishi wurin, su kuma suka ƙi yarda cewa Asante na da wani iko a can. Farkon 1873 sarki Kofi Karikari ya tura mayaƙansa a ƙarƙashin Amankwatia, suka ƙetare kogin Pra, suka tarwatsa Fante da ke ƙarƙashin kariyar Ingila.

Ingilishi sun san da wa suke yi. A 1824 Asante sun kashe gwamnansu, Charles MacCarthy, a fagen yaƙi. A 1864 wata runduna ta yada zango a bakin Pra, zazzaɓi da atuni suka cinye ta, ta koma ba ta ga abokin gaba ba. Ba banza ake kiran gaɓar nan kabarin Bature ba.

Wolseley ya ɗauki dajin kamar gidan da ke cin wuta: a shiga da gudu, a ɗauko abin da aka zo ɗauka, a fita. Rani a can gajere ne, daga Disamba zuwa Fabrairu. Cikin Oktoba 1873 ya sauka Cape Coast da hafsoshi 30 da 'yan kai waɗanda ya zaɓa da hannunsa, babu bataliyar Turawa ko ɗaya tare da shi. Wata uku aikinsa hanya. Injiniyansa, Manjo Robert Home, ya faɗaɗa turbar da ta tashi daga teku zuwa Prasu da ke bakin Pra, mil 70 da ɗoriya, ya kafa gadoji 237, ya ɗora babbar gada a kan Pra. Aka gina zango-zango, kowanne da rumfunan kwana masu gadajen kara a sama da ƙasa, da tataccen ruwan sha, da wurin jinya. Aka ja wayar tangaraho. Aka cire wa sojoji jar rigar nan mai kauri aka ɗinka musu mai ruwan toka, sakwa-sakwa. Aka sa kwinin cikin abin da soja zai sha kullum. Abin dariya, ba su san sauro ne ke kawo zazzaɓin ba, sai a 1897 aka gano haka. Su a zatonsu mugun tururin fadama ne. Kwinin dai bai damu da abin da suke zato ba, ya yi aikinsa.

Da bataliyoyin Turawa 3 suka iso cikin Disamba, ya hana su sauka. Ya sa jiragen suka yi ta shawagi da su a teku, inda iska ke kaɗawa, har hanya ta kammala a farkon Janairu. A daidai wannan lokaci mayaƙan Amankwatia, da suka kusa shekara a kudu ba zango ba magani, agana da atuni sun rage su, sun riga sun koma arewa da Pra.

A kan wa aka ɗora kayan?

Nan ne littattafan Ingilishi ke saurin wucewa, mu kuwa za mu tsaya. Doki da jaki ba sa rayuwa a wannan kurmi saboda ƙudan tsando. Duk ƙwayar harsashi, duk buhun shinkafa, duk majinyacin da aka ɗauko a ragaya, a kan ɗan Adam ya yi tafiya. Dubban 'yan alaro ne, Fante maza da mata, wasu da goyo. Da yawa ba da son ransu suka zo ba, don haka da dare ya yi sai su ajiye kaya su shige daji. Ana gab da tashi abin ya kai ga tsayawa cik, har aka mayar da akasarin bataliya guda cikin jirgi don ba mai ɗaukar abincinta. Aka shiga kame a ƙauyuka, ana ƙona na waɗanda suka gudu, sannan Kanar George Colley ya tsara 'yan alaron gari-gari a ƙarƙashin sarakunansu. Wasiƙun Wolseley cike suke da zagin Fante da kiransu ragwaye da matsorata. A ganina wannan butulci ne tsagwaronsa, domin da sun ƙi gaba ɗaya, ko Prasu ba zai gani ba.

Akwai kuma namu a ciki. Tun 1863 wani hafsan sojan ruwa, John Glover, ya tara 'yan arewa a Ikko, akasarinsu waɗanda suka tsere daga bauta, ya ba su bindiga. Ana ce musu Hausawan Glover, ko da yake a bakin Bature duk ɗan arewan da ke jin Hausa Bahaushe ne. Daga wannan ƙaramar ƙungiya sojan Nijeriya ke ƙirga asalinsa. A yaƙin Asante, Glover ya bi da su ta gabas, ta wajen kogin Volta. Wasu Hausawan kuma suna tare da Wolseley, su ne ma ke harba ƙananan igwoyinsa a ƙarƙashin Kyaftin Arthur Rait.

Kwana biyu a Kumasi

Ranar 31 ga Janairu 1874 aka haɗu a Amoaful. Kurmin ya yi duhun da mutum ba ya ganin wanda ke harbinsa, sai hayaƙi. Dabarar Asante ita ce su buɗe kamar ƙahon sa su zagaye abokin gaba, shi ya sa Wolseley ya jera mutanensa kamar garka mai danga huɗu, ta ko'ina aka ɓullo a tarar da bakin bindiga. Asante sun yi jaruntaka, su kansu Ingilishi sun shaida. Makami ne ya ci amanarsu. Harba-ruga ce a hannunsu, albarushin maras kyau, abin ɗurawa kuma guntayen darma da ƙarfe, wani lokaci har tsakuwa. Ingilishi na riƙe da Snider, wadda ake ɗurawa ta gindi, mutum na kwance yana harbi. Alƙaluman ranar sun isa bayani: kusan mutum 200 aka raunata a ɓangaren Wolseley, amma 4 kacal suka mutu. Ana samun su, ba a kashe su. Igwoyin Hausawa kuwa aka riƙa turo su gaba a kan turba suna ɓarin wuta daga kurkusa. Amankwatia a nan ya faɗi.

Daga nan ya ajiye manyan kaya, ya ɗauki guzurin kwana 4, ya yi wa Kumasi tsinke. Da yammacin 4 ga Fabrairu ya shiga, sarki ya riga ya fita. Aka aika masa ya zo a yi sulhu, bai zo ba. Sai ga hadari, ruwa kamar da bakin ƙwarya. Wolseley ya san ƙoramun da ya ƙetaro za su cika su shanye gadojinsa, kuma lissafinsa bai tanadi mako guda na zama ba. Cikin dare aka kwashe zinariyar fada, ranar 6 ga wata aka tashi fadar da albarushi, aka sa wa gari wuta, aka juya.

Kwanaki kaɗan bayan haka, da sarki ya ji ga Glover ma ya ɓullo ta gabas, ya aiko jakadu suka cim ma Wolseley a Fomena. Aka ɗora wa Asante tarar oza 50,000 ta zinariya, da sakin Elmina da ƙasashen kudu. Kaɗan aka iya biya. Shekara 22 bayan haka, a 1896, wannan bashi na cikin hujjojin da aka kafa aka kama sarki Prempeh aka fitar da shi daga ƙasarsa. Kayan fadar kuwa gwanjonsu aka yi. A 2024 gidajen tarihi biyu na Landan suka mayar da guda 32 Kumasi, wai aro.

Girgizar ta kai har kasuwannin Hausa. Ganin Kumasi ta faɗi, Salaga ta yi wa Asante tawaye, Asante kuma ta toshe mata goro. Kasuwar da fataken Kano suka yi zamanai suna dosa ta fara mutuwa, ciniki ya koma Kintampo.

A Ingila majalisa ta ba shi kyautar fam 25,000. Sunansa ya shiga bakin 'yan titi, idan abu ya tafi daidai sai su ce komai Sa Ganet ne.

'Yan gaban goshi da tafiyar dare

Hafsoshin da ya tafi da su Asante suka zama 'yan lelensa: Redvers Buller, Evelyn Wood, William Butler, Henry Brackenbury, Colley da sauransu. Duk inda aka tura shi da su yake tafiya, sauran hafsoshin Ingila suna cizon yatsa. Ya yi gwamna a tsibirin Kubrus a 1878. A 1879 aka tura shi ƙasar Zulu bayan kashin da Ingilishi suka sha a Isandilwana, amma kafin ya isa fage wanda zai gada ya riga ya ci yaƙin. Abin da ya rage masa shi ne kama sarki Cetshwayo da yayyanka ƙasar gida 13, rabon da ya haifar da yaƙin basasa.

Gwanintarsa ta kai ƙarshe a Masar. Bashin bankunan Turai ya shaƙe ƙasar, wani kanar ɗan manoma, Ahmad Urabi, ya tashi yana neman a bar wa Misirawa ƙasarsu. Ingila kuwa idonta na kan mashigin Suwez, hanyarta ta zuwa Indiya. Cikin Yuli 1882 jiragen yaƙinta suka yi wa Iskandariyya ruwan wuta. Wolseley ya bari labari ya bazu, har a bakin 'yan jarida, cewa a Abukir zai sauka, kusa da Iskandariyya. Jirage suka nufi can kowa na gani, da dare ya raba suka zarce suka shige mashigin, aka sauke runduna a Isma'iliyya, ta bayan gida.

Urabi ya haƙa ramuka masu tsawo a Tal al-Kabir, gabansu fili ne fetal, wanda duk ya doso da rana ya zama nama. Wolseley ya yi kwanaki yana fita da asuba yana duba wurin, ya lura ba sa ajiye masu gadi a nesa da dare. Sai ya yi abin da hafsoshi ke tsoro, ya tashi mutum kimanin 13,000 cikin duhu, ba fitila, ba taba, ba magana, wani hafsan sojan ruwa yana yi musu jagora da taurari. Ya auna tafiyar yadda za su isa daidai ɓullowar alfijir. Ranar 13 ga Satumba, cikin abin da bai fi awa guda ba, aka gama. Ingilishi 57 suka mutu. Washegari mahaya dawakinsa suna Alkahira. Sojan Ingila da aka ce ya zo na ɗan lokaci bai bar Masar ba sai 1956.

Kogin da bai san lissafi ba

A Sudan, Muhammadu Ahmad ya bayyana cewa shi ne Mahadi, kuma a ƙarshen 1883 mabiyansa, Ansar, suka shafe rundunar Masar da wani hafsan Ingila, Hicks, ke jagoranta. Aka tura Janar Charles Gordon Hartum ya kwaso mutanen gwamnati. Maimakon ya fito sai ya zauna, cikin Maris 1884 aka rufe shi. Gordon abokin Wolseley ne tun Kirimiya, shekararsu ta haihuwa ma ɗaya. Firayim Minista Gladstone ba ya son sabon yaƙi, ya yi ta jan ƙafa har Agusta kafin ya yarda a kai ɗauki.

Hanya biyu ce. Ko a sauka Suwakin a bakin Bahar Maliya a ratsa hamada mil 250 zuwa Barbar a bakin Nilu, ga ƙarancin rijiyoyi ga mayaƙan Mahadi a ƙarƙashin Usman Digna, ko a bi Nilu daga Alkahira, fiye da mil 1,600, ana hawan ruwa ana ƙetare magangarun duwatsu. Manyan hafsoshin da ke Masar suka ce Suwakin. Wolseley ya ce kogi, domin ya taɓa yin irinta a Kanada. Ya sa aka ƙera masa ƙananan jirage 800 a Ingila, ya aika Kanada aka kawo matuƙa kusan 400, da yawansu masu turo gungumen katako ne a ruwa, ba irin gwanayen 1870 ba. Kamfanin yawon buɗe ido na Thomas Cook aka ba kwangilar jigila zuwa Wadi Halfa, gawayin jirgi ya yanke, aka yi makonni ana jira. Ruwan Nilu kuma kullum ja yake yi, dutsen da jiya ke ɓoye yau ya fito ya fasa jirgi.

Da ya ga lokaci na ƙurewa, daga Korti ya yanke wata runduna ya ɗora ta a raƙuma ta ratsa hamadar Bayuda. Raƙuman ba su isa ba, sai da aka yi sawu biyu, mahayan kuma ba su san kan raƙumi ba, dabbobin suka yi ta mutuwa. Ranar 17 ga Janairu 1885 a rijiyoyin Abu Tulaih, Ansar da masu da takubba suka fasa dangar nan mai kusurwa huɗu suka shiga cikinta, abin da Asante ba su iya ba. Da ƙyar aka toshe. Kwana 2 bayan haka aka yi wa kwamandan, Herbert Stewart, raunin ajali. Wanda ya gaje shi, Charles Wilson, ya yi kwana 3 a bakin kogi kafin ya shiga jiragen Gordon guda 2 da sojojin Ingila kimanin 20. Ranar 28 ga Janairu suka hango Hartum. Garin ya faɗi tun ranar 26, Gordon ya mutu.

Ingilishi suka riƙe zancen "kwana biyu kacal" suna juyayi. Ni ban ga abin da mutum 20 za su yi wa rundunar da ta cinye Hicks ba. Kusantowar ɗaukin ce ma ta sa Mahadi ya yanke shawarar afkawa, janyewar ruwa kuma ta buɗe masa gefen ganuwar da kogi ke karewa. Wolseley ya ɗora laifi a kan Gladstone da Wilson, har ya mutu bai ɗora wa jiragensa ba. Jan ƙafar Gladstone gaskiya ne. Amma wanda ya auna Pra da kyau ya zo Nilu da ma'aunin Kanada a aljihu, kuma a cikin 'yan lelen da ya kewaye kansa da su ba a sami wanda ya juya shi ba.

Bai sake jan runduna a fage ba. An ci gaba da yi masa ado da muƙamai, ya zama fil mashal a 1894, babban kwamandan sojan Birtaniya a 1895, kujerar da ya yi shekaru yana hari, amma sai da aka rage mata iko kafin a ba shi, mantuwa kuma ta fara kama shi. Yana kan kujerar Buller ya sha kashi a hannun Buwa, jikokin Holandawa, a Afirka ta Kudu a 1899. Ya sauka a 1900, ya mutu a Faransa a 1913.

A cikin ayarin nan na Nilu akwai wani manjo dogo, maras fara'a, mai jin Larabci, wanda ke shiga ƙauyuka da rawani da jallabiya yana tattaro labari. Ya ga jirage suna farfashewa a kan duwatsu, ya ga raƙuma suna zubewa a Bayuda. Shi ma da awon ƙasa ya fara, ya yi shekaru yana zana taswirar Falasɗinu da Kubrus. Bayan shekara 11 zai dawo wannan kogi, ya shimfiɗa dogo a tsakiyar hamadar da aka ce jirgin ƙasa ba zai bi ba, kuma a wannan karon mai ruwa tana cikin kayansa. Sunansa Herbert Kitchener. Shi da abin da ya faru a filin Karari, bayan garin Omdurman, za mu duba a babi na gaba.